Daga Gazawa Zuwa Dala: Waiwaye a Kan Wata Tsohuwar Hanya

Duk wanda ya san ƙasarmu, tun daga Gidan Rumji a yamma, ya biyo ta Maraɗi da Agye har ya dangana da Gazawa a gabas, ya san cewa Allah Maɗaukakin Sarki ya shimfiɗa ta ne shimfiɗawa, ya yi ta jigawa da fadama, ya ratsa ta da Gulbin Maraɗi da Gulbin Kaba, ya ƙawata ta da gawo da kalgo da aduwa da goriba, ya zuba albarkar gero da wake da gyaɗa da aya a cikin rairayinta, amma bai kafa mata wani dutse mai suna ba, irin wanda matafiyi zai hango tun daga nesa ya ce ga gida can. Saboda haka labarin duwatsu ta baki biyu yake iso mana. Na farko bakin malamai, waɗanda suke karantar da mu labarin Uhudu da Arfa da kogon Hira. Na biyu bakin fatake da masu cin rani, waɗanda suke ambaton Bagazam ta ƙasar Azbin, da Kwatarkwashi ta Zamfara, da Kufena ta Zazzau. Amma a cikin duwatsun ƙasar Hausa duka, babu wanda sunansa ya shiga gidajenmu ya zauna irin Dala ta birnin Kano.

A zamanin kakanninmu ba a san magidanci ya bar gonarsa da iyalinsa don ya je ya ga dutse kawai ba. Kowace tafiya da sababinta: ko fatauci, ko neman ilmi, ko cin rani, ko gudun yunwa, ko kuwa niyyar hajji, wadda kan ci shekaru ta hanyar Barno da Wadai da Darfur. Mutum ba ya fita shi kaɗai, sai a cikin ayari, ƙarƙashin madugu wanda ya san sarakunan hanya da abin da ake ba kowannensu, tare da jagaba wanda yake gaba, ya san kowace rijiya da zurfinta, ya san zangon da ake kwana lafiya da dajin da ake ratsawa ba tare da an hura wuta ba. Yaron da aka ɗora wa koran jakuna a irin wannan tafiya, kafin ya kai Kano ya riga ya haddace sunayen garuruwa bi da bi, ya ji dalilin da ya sa wannan ya zama kufai, wancan kuma ya yi ganuwa, ya san inda karin harshen Katsinanci yake ƙarewa Kananci ya soma. Ranar da idonsa zai faɗa kan Dala da Goron Dutse sun ɗago bisa sararin ƙasa, ya san gajiyarsa ta zo ƙarshe, ya kuma san dukan ƙasar da ke tsakanin ɗakin uwarsa da gindin dutsen, domin da tafin ƙafarsa ya aune ta.

Akwai shaida a rubuce a kan wannan hanya, daga alƙalamin baƙo. A watan Janairu na 1851, Bajamushen nan Heinrich Barth, wanda ya kira kansa Abdulkarim, ya sauko daga Azbin tare da ayarin gishiri, ya biyo ta Damargu ya sauka Tasawa, inda abokin tafiyarsa Overweg ya rabu da shi ya nufi Maraɗi da Gobir, shi kuwa ya yada zango a Gazawa. Ya iske ta gari mai kafi, mutanenta a ɗamare, domin a lokacin ita ce bakin iyaka tsakanin Katsinawan da suka yi hijira zuwa arewa bayan jihadi da daular Sakkwato. Daga nan ya ratsa dajin da yaƙi ya mayar ba kowa, ya wuce kufan Ɗankama, inda Sarkin Katsina Magajin Halidu ya gamu da ajalinsa bayan an ci birninsa, ya isa Katsina aka tsare shi kwanaki, bai shiga Kano ba sai ranar 2 ga Fabrairu, kimanin mako biyu ke nan da barinsa Gazawa. Bayan kwana takwas ya hau Dala ya zana birnin yadda ya gan shi: gidajen ƙasa da bukkoki, dabino da gwanda, tafkin Jakara ya raba gari biyu, ga kuma gonaki masu faɗi a cikin ganuwa. Ya ƙiyasta mazaunan birnin da mutum 30,000, adadin da kan ninka idan fatake sun cika gari da rani.

Abin da ya biyo bayan wannan, dattawanmu sun gan shi da idonsu, wasu kuma iyayensu suka ba su labari. Turawan Ingila suka ci Kano a 1903, suka zauna da na Faransa suka yi ta gyaran yarjejeniyar 1898 a 1904 da 1906, har aka kafa alamomin iyaka a tsakanin gonar wa da ta ƙane, Gazawa da Maraɗi da Tsibiri suka faɗa hannun Faransa, Katsina da Daura da Kano suka faɗa hannun Ingila. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, cinikin gyaɗa ya buɗe, manomin Agye ya shiga noma abin da za a ci a Turai, raƙuma da jakuna suka yi ta jigila har babbar mota ta karɓe su. Daga nan madugu ya ajiye sandarsa, zango ya koma tasha, jagaba ya koma direba da yaron mota. Tafiyar mako biyu ta zama ta wuni guda, wannan kuwa ni'ima ce wadda ba mai musunta sai wanda bai taɓa kwana da ƙishirwa a daji ba. Sai dai tare da ni'imar an sami ƙofa wadda ake iya rufewa: an rufe ta daga 1984 zuwa 1986, a tsakiyar fari, har mutanenmu suka sa wa yunwar shekarar sunan El-Buhari, an sake rufe ta daga Agusta 2019 zuwa Disamba 2020, an kuma rufe ta bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023, sai a Maris 2024 aka buɗe.

A cikin irin wannan zamani ne samarin garinmu, waɗanda suka yi karatun lakwal suka kuma yi na allo, suka haɗa kuɗi a tsakaninsu, suka ɗauki hayar mota, suka roƙe ni in raka su Kano ziyarar buɗe ido, Dala kuwa ita ce kan gaba a jerin wuraren da suka rubuta. Muka tashi bayan sallar asuba, muka bi kwalta ta Agye zuwa Maraɗi, muka karkata kudu ta Ɗan Isa da Jibiya, inda aka duba takardunmu a wannan gefe da harshen Faransanci, aka duba a wancan gefe da na Ingilishi, alhali masu dubawa da waɗanda ake dubawa duk da Hausa suke gaisawa. Katsina muka gan ta ta tagar mota, muka hangi hasumiyar Gobarau a zuciya ba a ido ba, domin direba yana son ya shiga Kano da sauran rana. Na lura da yawancin samarin sun yi barci tun daga Katsina, waɗanda ke farke kuma idonsu na kan wayoyinsu, garuruwa suna wucewa ɗaya bayan ɗaya ba wanda ya tambayi sunansu. Muka kwana a Fagge, unguwar da tun dā take saukar da baƙin arewa, da safe mai masaukinmu ya haɗa mu da wani dattijo haifaffen unguwar Dala, wanda ya saba kai baƙi kan dutsen.

Dattijon ya zo da farar riga wadda ta sha wanki, da hula zanna, da carbi a hannu. Da ya ji daga inda muka fito sai fuskarsa ta saki, ya ce, "Malam, ai ku ba baƙi ba ne, kakata ta wajen uwa Bagobira ce." Ya shige gaba muka bi shi ta lunguna masu ƙunci, muna raɓa wa masu tura kurar ruwa da yara masu allo, ba mu ga dutsen ba sai da muka yi kusan dafa shi, domin gidaje sun kewaye shi ta kowace fuska har sun soma hawa gindinsa. Matakala ce ta siminti ake bi, samari suka haye da gudu, ni da jagoran muka bi a hankali muna tsayawa muna mai da numfashi. A wata tsayawa ya sunkuya ya ɗauki ɗan tsakuwa ja mai duhu, mai ramuka ƙanana, ya sa mini a tafin hannu ya ce in ji nauyinsa. Ya ce, "Wannan ita ce tama. Saboda ita mutanen farko suka zauna nan, suka gina matoya suka narka ƙarfe, suka ƙera fartanya da mashi. Da babu wannan jar ƙasa, da babu Kano." Masu binciken kufai sun gaskata shi, domin sun sami alamun narkar da ƙarfe a nan tun wajen ƙarni na 7 na Miladiyya.

Da muka taru a bisa, inda ƙasa ta baje ta yi fili, mita 534 daga doron teku, sai ya zaunar da samarin ya shiga ba su labari yadda ya karɓa daga iyayensa, wanda kuma ya dace da abin da ke cikin littafin tarihin sarakunan Kano na Larabci, wanda Palmer ya fassara da Turanci a 1908. Ya ambaci Dala, mutumin da ya fara gina gida a nan, wanda dutsen ya ci sunansa. Ya ambaci Barbushe, ɗaya daga cikin zuriyarsa, babban mai tsafin Tsumburbura, wanda shi kaɗai yake shiga wurin da aka kewaye da katanga, jama'a na jiransa da baƙaƙen dabbobin yanka, in ya fito ya gaya musu abin da shekara za ta zo da shi. Ya kawo zuwan Bagauda a 999, bisa lissafin da aka saba, da soma ginin ganuwa a zamanin Gijimasu, da zuwan malaman Wangarawa daga Mali a zamanin Yaji, tsakanin 1349 da 1385, da mulkin Muhammadu Rumfa daga 1463 zuwa 1499, wanda ya gina gidan sarauta ya kafa kasuwar Kurmi ya kuma karɓi Shehu Magili.

Sai wani daga cikin samarin, mai kishin addini, ya ce, "Baba, ya halatta Musulmi ya hau wurin da aka yi shirka don ya gani?" Dattijon bai yi fushi ba, ya ce, "Ɗana, tambayarka ta yi kyau. Wanda ya zo neman tabarruki a wurin tsafi ya ɓata. Wanda ya zo don ya ga inda Allah ya ɗauko kakanninsa da inda ya kai su, ya yi abin da Alƙur'ani ya yi umurni da shi a wurare da yawa, wato tafiya a bayan ƙasa da duban ƙarshen waɗanda suka gabata." A ganina wannan amsa ita ce ginshiƙin dukan ziyara irin wannan. I'itibari shi ne maƙasudi, kuma al'ummar da take jin kunyar sanin jahiliyyarta ba za ta san girman shiriyar da aka yi mata ba. Sahabbai, Allah ya yarda da su, sun riwaito ayyamul Arab da waƙoƙinsu da nasabarsu, ba su ga haka ya rage musu imani ba.

Bayan haka ya tashe mu ya zaga da mu gefe gefe yana nuni da carbinsa. Ga Goron Dutse can tana fuskantarmu, ga hasumiyoyin babban masallacin Juma'a wanda aka gina a 1951 zamanin Sarki Abdullahi Bayero, ga itatuwan Gidan Rumfa, ga rumfunan Kurmi a cunkushe, ga jirgin sama yana sauka a filin Malam Aminu Kano. Gonakin da Barth ya zana a cikin ganuwa babu ko ɗaya, rufin kwano ne iyakar ganin ido, har ya narke cikin hazo, ba ka iya cewa ga inda birni ya tsaya. Ya nuna mana Madabo, unguwar malamai ta farko, da Zangon Barebari, da Tudun Nufawa, da Agadasawa, ya ce kowace daga ukun nan na ƙarshe sunan baƙin da suka kafa ta take ɗauke da shi. Nan na ga fuskokin samarin sun sake, domin sun gane cewa birnin da suke ɗauka na wata ƙasa ne, da guminsu aka gina shi: gishirin Bilma da kanwa da fatu da dabbobi ta ƙasarmu suka ratso zuwa Kurmi, baƙin turkuɗi da takalma da goro kuma ta ƙasarmu suka koma arewa.

Amma wajibi ne a faɗi abin da ido ya gani na rashin kula. Ruwan sama ya yi ta zaizayar gefen dutsen shekara da shekaru har ya tsattsaga shi, leda da shara sun maƙale a cikin tsagogin, gine-gine sun matse shi. Ganuwar da ta kewaye birni, wadda sarakuna suka yi ƙarnuka suna faɗaɗawa, an cinye ta a wurare da yawa, wani ya ɗebi ƙasarta ya yi tubali, wani ya kafa shago a kanta. Tun 2007 aka sa ganuwar Kano tare da Dala da Kurmi da fadar Sarki a jerin wuraren da Nijeriya take neman hukumar UNESCO ta amince da su a matsayin gadon duniya, amma rubutu a takarda ba ya tare zaizaya. Kayan tarihi amana ce, haƙƙinta kuwa ba a wuyan Kanawa kaɗai yake ba, yana wuyan duk wanda ya hau ya sha ruwan leda ya yar a wurin, ko daga ina ya fito.

Da na auna wannan ziyara da tafiyar kakanninmu, abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne matsayin jagora. A dā ilmin ƙasa a warwatse yake a bakin kowa, madugu da mai masauki da tsohuwa mai fura a zango kowa yana da guntunsa, matafiyi yana tsinta yana haɗawa har ya cika. Yau mota ta ɗauke mu daga ƙofar gida ta ajiye mu a gindin dutse, dukan abin da za mu koya ya rataya a kan mutum guda da sa'o'i kaɗan. In an dace da mai sani mai tsoron Allah, irin dattijon nan wanda yake rarrabe abin da ya tabbata da abin da ake faɗa kawai, yana cewa wannan a littafi yake, wannan kuwa hirar tsofaffi ce, to an yi riba. In an gamu da wanda yake ƙara gishiri don baƙo ya ji daɗi ya ba shi goro, to ƙarya ta hau mota ta tafi wata ƙasa ta zama tarihi. Malaman hadisi sun koya mana cewa labari ba ya tsayawa sai da isnadi, tarihin gari ma haka ne. Shi tarihi kamar rijiya yake, in ba a yashe ta lokaci lokaci sai ta cike da rairayi, a wayi gari ana tsaye a bakinta ana jin ƙishirwa.

Ba na cewa zamanin dā ya fi namu aminci. Dajin da ke tsakanin Gazawa da Katsina wurin tsoro ne a zamanin Barth, mahayan Maraɗi suna kai hari kudu, na kudu suna ramawa, talaka yana tsakiya ana kama shi ana sayarwa. Abin baƙin ciki shi ne tsoron ya komo da wata kama. Tun 2019 dubban mutane daga Sakkwato da Zamfara da Katsina suka tsallako suna gudun 'yan bindiga, ƙauyukan Gidan Rumji suka buɗe musu rumbuna da zaurukansu, yankin Jibiya kuma ya zama wurin da direba ba ya son dare ya riske shi. A lokaci guda ana shimfiɗa dogo daga Kano zuwa Maraɗi, mai tsawon kilomita 284, wanda aka aza harsashinsa a Fabrairu 2021, zai biyo ta Kazaure da Daura da Katsina da Jibiya. In Allah ya nufa ya kammala, ya kuma kawo zaman lafiya, yaron Agye zai iya karya kumallo a gida, ya yi azahar a gindin Dala, ya komo ya kwana a ɗakinsa.

Saboda haka aikin da ke gabanmu a fili yake, kuma ba ya jiran gwamnati. Malaman lakwal da na makarantun Islamiyya a Agye da Gazawa da Gidan Rumji su karantar da yara labarin hanya kafin su sa su a mota, su sa direba ya tsaya a Katsina ko da rabin sa'a ne. Samarin da ke da waya su zauna gaban tsofaffin da suka yi fatauci da cin rani, su naɗi sunayen zango da rijiyoyi da masu masauki tun bakin da ya san su bai rufe ba. Mu kuma kula da namu wuraren, fadar Sarkin Gobir a Tsibiri, da ta Sarkin Katsina a Maraɗi, da tafkin Madarumfa da kaburburan waliyyansa, da tsohuwar Tasawa, mu horar da 'ya'yanmu su zama jagorori masu gaskiya, domin ranar da Bakano ko Bazazzagi zai sauko daga jirgi yana tambayar tarihinmu, ya sami mai ba shi amsa da hujja. Hausawa sun ce zumunta a ƙafa take, ziyara kuwa in an yi ta da ilmi tana cikin abin da zai hana iyakar da Turawa suka shata ta shiga zukatan jikokinmu. Allah ya ba mu ikon riƙon wannan amana, ya zaunar da ƙasashenmu biyu lafiya.